Yadda Ake Lissafa Ruwan Tumatirin Rani

Masu yawan tambayar ruwa nawa tumatir ke sha, ga matakan:

1. Ajiye faffaɗan baho a fili cikin gona.
2. Zuba masa ruwa.
3. Da safe auna zurfinsa da rula.
4. Washegari war haka sake aunawa. Abin da ya ragu, a milimita, rana da iska suka sha.

Hattara: kewaye bahon da raga. Akuya ta sha, lissafi ya lalace.

5. Ninka ragin da 0.7.
6. Sake ninkawa: 0.6 ga sabon dashe, 1.15 in ya yi fure. Ragin milimita 8 zai ba ka milimita 6.4 ga mai fure, ruwan da yake sha a rana ke nan.
7. Ninka da kwanakin tsakanin ban ruwa. Kowace milimita lita 10,000 ce a hekta.

A jigawa matso da kwanakin, yashi ba ya riƙe ruwa.