Yadda za ka ƙera makamin tsafi mai aiki da sauti a labarinka na yaƙi

Wannan na 'yan'uwa marubuta labaran yaƙi da jarumta ne, musamman masu tasowa. Abin da ya daɗe yana damuna shi ne kusan duk labarin da na ɗauka makamin tsafin iri ɗaya ne, takobi mai aman wuta ko zobe mai kiran aljani, jarumi ya zare ya karkashe dubu shi kaɗai shikenan, alhali ga arziki nan a ƙofar gidanmu ba mu taɓa shi ba, wato sauti. Toh bari in nuna yadda ake ƙera makamin da amo ne ƙarfinsa, da yadda za ka zaunar da shi cikin al'adar ƙabilar da ka ƙirƙira har mai karatu ya ji kamar akwai su da gaske.

Kafin ka ɗora alƙalami je ka saurara tukuna. Je ƙofar fada ranar hawan sallah ka tsaya kusa da masu kakaki, dogon ƙarfen nan da ya fi mutum tsawo, wallahi sautin a ƙirji za ka ji shi kafin kunne. Kuma ba kowa ake busa wa ba sai sarki, tarihin Kano ya ce a zamanin Muhammadu Rumfa, 1463 zuwa 1499, aka fara shi. Ga kuge, ƙarafa biyu a haɗe, da ake bugawa a da don shelar yaƙi. A Katsina Gwauron Tambari yana cikin kayan sarauta tare da Gajere, takobin tsohon sarkinsu Korau, ka ga an ajiye abin kiɗa sahu ɗaya da takobi kenan. Sannan ka je wasan 'yan tauri, mutum na zaune lafiya lau yana hira, makaɗi na saka takensa sai jiki ya hau tsuma ya diro fili yana gurza wuƙa a cikinsa. Mahauta na da kalangu, maƙera dundufa, manoma gangar noma. Abin da nake so ka ɗauko a nan shi ne a wurinmu kowane sauti yana da mai shi kuma yana da ranarsa, makamin labarinka ma haka ya kamata ya zama.

Yanzu ƙirar. Zaɓi abu ɗaya tak, ka ba shi aiki ɗaya tak. Misali ni na ƙirƙiri wasu mutane na sa musu suna Amsawa, mazauna wani kwari ne tsakanin duwatsu inda ko tari ka yi sai dutse ya maido maka da shi. Makaminsu kuge ne na baƙin ƙarfe sunansa Kurma, in an buga shi a bakin kwarin duwatsu su karɓa su ninka, dawakin abokan gaba su durƙushe, garkuwa ta tsage, mahaya su kasa gane gabas da yamma. Iya aikinsa kenan, ba ya warkar da ciwo ba ya kawo ruwan sama. Kuma lura, a fili fetal inda ba dutse ƙarfe ne kawai, wannan raunin shi zai ba maƙiya dabarar janyo su waje, ga babi uku nan ka samu kyauta.

Sai farashi, kuma a nan yawancinmu muke faɗuwa. Makamin da ba ya cin mai shi ba ya sa zuciyar mai karatu bugawa. A wurin Amsawa duk bugu ɗaya yana tafiya da wani abu daga jin mai bugun, na farko ya daina jin kukan tsuntsaye, na uku ya daina jin sautin daka, na bakwai ko matarsa ce ta kira shi a kunne ba zai ji ba har abada. Ka yi tunanin saurayi mai riƙe da Kurma ya yi bugu shida, matarsa na da tsohon ciki, yana so ko sau ɗaya ya ji kukan ɗansa, ga kuma ƙurar mahara ta taso a bakin kwari. Ba sai ka ce wa mai karatu ya ji tausayi ba, da kansa zai ji.

Daga farashin nan ne al'ada za ta tsiro, kar ka liƙo ta daga waje. Mutanen da suka san abin da amo ke ci dole su girmama shiru. Don haka bikinsu na shekara, bayan kaka an gama kai amfani rumbu, wuni guda ne cur ba magana. Mata su kwantar da taɓare su kifa turame, a rufe zakaru a kwando tun asuba, a cire wa jarirai abin wuya mai ƙara, har jakuna a kora su can bayan dutse. Da la'asar tsofaffin da suka taɓa riƙe Kurma, dukkansu kurame, su fito a gaba, sarki da kansa yana bayansu ba takalmi. A kwance kugen daga farin saƙi, a shafa masa man shanu, mai riƙonsa ya taɓa shi da sillen kara kawai don kar bugun ya shiga lissafi, wannan ɗan siririn amon shi ne buɗe bakin gari, sai guɗa ta ɓarke. Naɗin sarki ma sai ya dafa Kurma ya yi rantsuwa, kuma ba shi da ikon ba da umarnin a buga sai kuraman nan sun ɗaga hannu, tunda su suka san ɗacinsa. Ka ga rikicin fada ya samu gindin zama kenan.

Wajen rubuta sautin kansa, don Allah kar ka cika shafi da "ƙara mai tsanani", Hausa ba ta rasa kalmomi ba. Ƙarfe ya ce ƙwal, tambari ya ce dum, gari ya yi tsit. Kuma abin da sautin ya yi wa jiki ya fi sautin shiga rai, haƙori ya yi tsami, ruwan randa ya yi rawa, ƙasa ta zubo daga azara. Ka yi wa makamin kirari gajere, layi biyu ya isa, kamar "Kurma mai kurmantarwa, ka yi magana duwatsu su amsa", ka sa a bakin tsohuwa ko maroƙi, ka maimaita shi sau biyu ko uku a duk littafin. Bugun gaske kuwa ka ɓoye shi, a yi ta ambatonsa ana tsoro tun babi na ɗaya, amma kar a ji shi sai an wuce rabin labari, kuma ka rubuta wurin ta kunnen mai bugun, ya ga bakin ƙaninsa yana motsi yana kiran sunansa shi kuma bai ji komai ba.