Yadda Ake Ware wa Motocin Bas Hanyarsu a Cikin Birni

Motar bas ta haya a wuri uku take ɓata lokacinta: a cikin cunkoso, a tasha wajen ɗaukar fasinja, sai kuma a mahaɗar tituna. Hukumar da ta yi niyyar gyara sai ta bi waɗannan wurare ɗaya bayan ɗaya, kuma abin da Legas ta yi ya isa a ɗauki darasi a kansa.

Da farko a zaɓi titi ɗaya tak, wanda ya fi kowane titi ɗaukar jama'a, ba wanda ya fi faɗi ko kyau ba. A tura ma'aikata su tsaya da asuba da kuma yamma, su ƙirga motoci da fasinjojin da ke ciki, su rubuta inda ake hawa da inda ake sauka. Hukumar sufuri ta Legas, LAMATA, ta fara ne da titin Ikorodu, daga Mile 12 zuwa CMS, tsawon kilomita 22, aka buɗe shi a watan Maris na 2008. A birni irin Kano, ƙirgar ce za ta nuna ko titin Zariya ya fi cancanta ko titin Katsina.

Daga nan sai a ware layin da bas kaɗai za ta riƙa bi, kuma a nan ne ake yawan yin tuntuɓe. Fenti ba ya tsare hanya, domin da zarar titi ya cushe, mai babur zai kutsa, ɗan tasi ya bi bayansa, mai jiniya ma ya ga dama ta samu, kafin a ankara bas ta koma cikin cunkoson da aka ce an raba ta da shi. A jera kankare mai ɗan tudu wanda ƙaramar mota ba za ta iya haurawa ba, a sa jami'ai, a kuma ci tarar duk wanda ya shiga ba tare da duba matsayinsa ba. A ganina layin ya fi kyau a tsakiyar titi, saboda gefen titi na masu shago ne da masu talla da masu sauke kaya, kuma ba za su daina tsayawa ba. Legas ta fara da gefe, amma da ta tsawaita hanyar zuwa garin Ikorodu a 2015 sai ta koma tsakiya. Sai dai idan layin yana tsakiya, dole a yi wa fasinja gada ko amintaccen wurin tsallakawa.

Sai batun tasha. Wanda ya taɓa ganin kwandasta yana rataye a bakin ƙofa, yana laluben canji a aljihu alhali mutum goma na jiran shiga, ya san inda mintoci ke zurarewa. A karɓi kuɗi tun kafin a shiga mota, da tikiti ko da kati irin Cowry na Legas. A daidaita daɓen tasha da ƙofar mota yadda tsoho da mai goyo za su shiga ba tare da hawa matakala ba, dabarar da birnin Kuritiba na Brazil ya yi suna da ita. A kuma bar tazarar kusan rabin kilomita tsakanin tashoshi.

A mahaɗa, a saita danja ta riƙa ba bas hannu da wuri, a rage wuraren da ƙananan motoci ke yanke mata hanya.

Kada a bar direbobin da ke kan titin tun da a waje, domin abincinsu ake taɓawa. A Legas an zauna da ƙungiyar direbobi ta NURTW, ta kafa ƙungiyar haɗin gwiwa wadda ta tafiyar da motocin farko. Masu ƙananan motoci da A Daidaita Sahu kuwa, a ba su aikin kwaso fasinja daga cikin unguwanni zuwa manyan tashoshi, a keɓe musu wurin tsayawa kusa da ƙofar kowace tasha.