Idan Fada Ya Ce Ba Za A Ɗaura Auren A Coci Ba

'Yan'uwa, ƙanwata ta riga ta ɗinka farar riga, an fitar da anko, sai Fada, wato limamin cocinmu na Katolika, ya ce a dakata, domin angon ya taɓa aure a coci kuma matar tana raye. Kwana uku rigar tana rataye a bayan ƙofa, ita kuwa ko abinci ba ta ci.

In irin wannan ya same ku, ku bar amarya ta yi kukanta, kada a cika ta da wa'azi. In hankali ya kwanta, ku koma wurin Fada ku tambayi ainihin dalilin, don kowane dalili da maganinsa. In ɗaya daga cikin masu auren ba ɗan Katolika ba ne, sau da yawa izinin Bishop kawai ake nema, kuma Fada ne ke rubutawa. In tsohon aure ne, takardar saki daga kotu ba ta wadatar. Sai kotun coci ta dayosis, wato yankin da Bishop ke kula da shi, ta bincika ko auren farko ya ɗauru tun asali. Tun 2015 Paparoma Francis ya sauƙaƙa hanyar, hukunci ɗaya ya isa in ba a ɗaukaka ƙara ba. Amma fa akwai jira, kada ku kama wurin biki tukuna.

Waɗanda suka riga suka yi na gargajiya ko na rajista, ana iya gyara auren a coci daga baya, gaban Fada da shaidu biyu.

Abin da ya fi damuna shi ne masu daina zuwa Mas, wato sujadarmu ta Katolika, saboda kunya. Don Allah ku ci gaba da zuwa. Ƙanwata ranar Lahadi kusa da ni take zama, muna jiran amsar kotun.