Yadda ake ɗauko murya daga tsohon kaset a saka ta a fim

Yaran da ke haɗa fim na tarihi nan Sakkwato kusan duk wuri guda suke faɗuwa. Su samu kaset mai jawabin Sardauna kafin 1966, ko muryar Sarkin Musulmi Abubakar na uku, sai su kunna rikoda su kara waya a bakin sifika, ga kukan janareto ga akuyar maƙwabta duk sun shiga ciki. Wasu ma ta WhatsApp ake turo musu, alhali WhatsApp matse sauti yake yi.

Kafin komi ka ɓalle 'yan haƙoran nan na saman kaset, kar yatsa ya taɓa jan maɓalli ka goge abin da ba ka da irinai. Sannan ka sa biro ka juya zaren a hankali, don zafin garin nan yana sa shi mannewa, in ka kunna kai tsaye rikoda ta cinye shi. Duba ɗan soson da ke ƙarƙashin zaren, yakan faɗi, in babu shi murya ba ta fita tas.

Goge hed, wato ɗan ƙarfen cikin rikoda da zare ke gogawa ya karanto sauti, da auduga da ɗan sifirit, har robar da ke jan zare, ƙurar hunturu ce cike a wurin.

To ga inda nake so ka tsaya. Gefen hed akwai ɗan sukuru ƙarami, kaset na tafiya ka sa abin ji a kunne ka riƙa juya shi kaɗan kaɗan, hagu, dama, har ka ji "s" da "sh" na mai magana sun fito tas kamar an buɗe taga. Kowane kaset da nashi saiti saboda injin da anka ɗauke shi daban ne, kuma abin da ka rasa a nan babu manhajar da za ta maido ma. Ba ya cin ko sisi, amma kowa tsallake shi yake.

Jona rikoda da kwamfuta da kebul, manhajar ɗaukar sauti ta Audacity kyauta ce, ɗauka a WAV, tsarin fayil da ba ya matse sauti, ka saita shi a 48kHz don shi bidiyo ke so. Da batir ka yi, wutar gida na kawo gurnanin 50Hz. Ajiye kwafi guda da ba ka taɓa ba. Rage shuuu ɗin kaɗan kawai, ni na fi son a ji tsufan muryar. Ka nemi izinin gidan rediyo ko magada, ka rubuta sunansu a ƙarshen fim.