Yadda za ka karance Littafi Mai Tsarki a shekara ɗaya ba tare da ka maƙale a hanya ba

Duk ranar 1 ga Janairu sai ka ga matasa a majami'armu ta Sabon Gari sun zo da sabon littafi da sabon biro, wai bana sai sun kai Wahayin Yahaya, littafin ƙarshe. Kafin hunturu ya wuce, an yi tsit. Ni ma sau uku na yi haka, kuma duk a wuri ɗaya na faɗi.

Fara da lissafi. Littattafai 66 ne, 39 na Tsohon Alkawari, 27 na Sabo, duka sura 1,189. Sura uku kullum, biyar ranar Lahadi, shi ke nan ka gama a mako 52. Ɗan Katolika zai ɗan ƙara, tunda nasu 73 ne. Wanda ya ce zai riƙa cin sura goma a zama ɗaya, ka ƙyale shi, mako biyu zai yi.

Na biyu, ka ɗaure karatun da wani abu da ba ya fashi. Ni kiran sallar asuba na masallacin layinmu ne agogona. Ladan na ɗaga murya, na tashi, na ɗora ruwan shayi, kafin ya huce a kofi na gama sura biyu. Minti 15 zuwa 20 ne duka. Kada ka bar shi sai dare. Wanda ya wuni a kasuwar Sabon Gari, ya sha cunkoson Bata a adaidaita sahu, ya dawo ya tarar an ɗauke wuta, aya huɗu zai karanta barci ya kwashe shi.

Littafin takarda za ka nema. Na san akwai shi kyauta a waya, amma waya na hannunka saƙon WhatsApp zai shigo, sai ka tsinci kanka a wani wuri. In kuɗin sabo ya yi maka yawa, tsoho ma ya isa, ka kai wa masu ɗinkin littafi su gyara bangon. Fassarar 1932, wadda su Dakta Walter Miller suka yi wa aiki, iyayenmu ita suka haddace, amma Hausarta ta yi wa yaran yanzu nauyi. Ɗauki wadda kake ganewa.

To, ga inda ake faɗuwa. Farawa sura 50 ce, labari ne zalla, Ibrahim, Yakubu, Yusufu da 'yan'uwansa, ba ka sanin lokacin da ka gama. Fitowa ma haka, har sura 25, inda aka shiga awon alfarwa, kamu kaza tsawo, kamu kaza faɗi. Kana lallaɓawa ka fita sai ga Littafin Firistoci: sura bakwai a jere kan hadayu, kitsen da ke jikin ƙoda, inda za a yayyafa jini, sannan sura 13 mai aya 59 kan yadda firist zai duba tabon fata. Har yanzu ina da tsohon littafina da tsinken tsintsiya a wannan shafin, ƙurar hunturu ta yi masa layi. Wata tara tsinken bai motsa ba.

Maganinsa alama biyu. Tun ranar farko ka sa ɗaya a Farawa, ɗaya a Matiyu, sura biyu a Tsohon Alkawari, ɗaya a Sabo, ƙarin Lahadi kuma na Tsohon Alkawari. Ranar da ka shiga Littafin Firistoci, ka ɗauke alamar ta biyu ka kai Ibraniyawa. Sura 9 da 10 suna bayyana abin da hadayun nan ke nunawa, sai ka ga jinin awakin ya daina gundurarka. In ka gama sai ka koma inda ka bari. Wani dattijo ne ya nuna mini wannan bayan sujada. Ya ce, "Ɗana, tuwo ba miya kake ci, shi ya sa ya shaƙe ka."

Abu na biyu da ke kashe mutane shi ne bashi. Ka yi fashin kwana huɗu saboda zazzaɓi ko biki a ƙauye, sai ka ce yau sai ka biya sura 15. Ba za ka biya ba, gobe kuma kunya za ta hana ka buɗewa. Dokata ita ce ba a ramuwa. Ci gaba daga inda tsinke yake. In ka gama a Fabrairun baɗi, wa zai ci ka tara?

Sauran hanya da sauƙi. Sunayen zuriya a sura tara na farkon 1 Tarihi, karanta su da ƙarfi, da sauri, kada ka tsaya gyara furuci. Zabura 119 aya 176 ce, ba ta ranarta ita kaɗai. Annabawa irin su Ishaya da Irmiya sun fi shiga in ka riga ka san littattafan Sarakuna. Sabon Alkawari zai ƙare wajen tsakiyar Satumba, daga nan ukun duka na Tsoho ne. Ka samu mutum ɗaya, ko a zumunta ko a gida, da zai riƙa tambayarka duk Lahadi a ƙofar majami'a, "Ina tsinke ya kai?"