Babi na Bakwai: Malamin Gwamnati da Aka Kora Ba Bisa Ƙa'ida Ba

Darasi na 1: Riƙe takardarka

Malam, ranar da aka miƙo maka takardar kora, kada ɓacin rai ya sa ka yaga ta ko ka ƙi karɓa. Karɓi abarka. Ka rubuta ranar da ta shigo hannunka a littafinka, domin takarda kan daɗe a ofis kafin ta iso ƙauye. Ka je mai hoton takardu ya yi maka kwafi uku, ka sa ta ainihin a leda saboda gara da ɗigar damina.

Yanzu karanta a hankali. Kora ce ko dakatarwa? Dakatarwa ta ɗan lokaci ce, kora kuwa tana iya raba ka da fansho da garatuti. Sai ka tambayi kanka: an ba ni kweri, wato takardar tuhuma? An ba ni lokacin amsawa? Kwamiti ya saurare ni? Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba kowa haƙƙin a ji ta bakinsa kafin a yanke masa hukunci. Malamin da aka tabbatar wa aiki ba ɗan ƙodago ba ne. Idan an tsallake matakan ladabtarwa, kotu tana iya soke korar, ta mayar da shi, ta ce a biya shi albashin da aka riƙe.

Darasi na 2: Hatimin karɓa

Rubuta koke zuwa ga hukumar da ta ɗauke ka. In malamin firamare ne kai, zuwa ga Shugaban SUBEB, wato hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha, ta hannun Sakataren Ilimi na ƙaramar hukumarka. Sa cikakken sunanka, lambar fayil, makarantarka da ranar kama aiki. Faɗi abin da ya faru a taƙaice, ban da zagi. Haɗa da kwafin takardar ɗaukar aiki, ta tabbatarwa, takardar albashi ta ƙarshe, shaidar karatun malanta ta NCE da ta hukumar rajistar malamai, wato TRCN. Kwafi kawai, kada ka miƙa na ainihi.

Ga inda yawanci ake tuntuɓe. Koken ya zama kwafi biyu. Ka miƙa ɗaya ga akawu, ɗayan kuma ya buga masa hatimi, ya rubuta kwanan wata, ya sa hannu, ya maido maka. Duba da idonka: hatimi, kwanan wata, sa hannu. In tawadar ta dushe har ba a karanta ta, ka roƙe shi ya sake bugawa. Ba rashin kunya ba ne, aikinsa ne, kuma za ka iya.

In ya ce, "Ajiye a nan, za a duba," ka ce, "Ranka ya daɗe, a taimaka a buga mini hatimi a nawa." Malama, ke ma haka, ko da ƙaninki kika aika, ki ce kada ya baro wurin sai da hatimi.

Haba Malam! Kai da kake kiran sunan yara a rajista kullum, ka miƙa takarda ka juyo hannu rabbana? Gobe a ce ba a gan ta ba, wa zai shaide ka? Ba hatimi, ba ka kai ba.

Darasi na 3: Wa'adi

Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke sauraron irin wannan ƙara, kuma tana da reshe a Kano. Ba a kai ta kotun majistare. Akwai dokar da ta sa wa'adin wata 3 na ƙarar jami'an gwamnati. Lauyoyi na jayayya kan ko ta shafi shari'ar aiki, amma kai dai ka ga lauya kafin wata ukun su cika. Kada "muna dubawa" ta cinye maka kwanaki. Tafi da kwafinka mai hatimi.

Darasi na 4: Masu taimako

Sanar da shugaban ƙungiyar malamai ta NUT na ƙaramar hukumarka. Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a ma tana karɓar koke kyauta. Can ma a buga hatimi.

Darasi na 5: Bayan nasara

Karɓi kwafin hukuncin daga kotu, ka kai wa hukumar, ka nemi takardar komawa aiki a rubuce.