Kurakuran da aka fi yi idan an zo hira da kai kan mawaƙin da ka sani

Wata rana masu kyamara za su iya sallama a ƙofarka a unguwar Aboabo ko Asawase da ke Kumasi a Ghana, su ce suna haɗa fim ɗin tarihin wani makaɗi da ya rasu, kuma an ce kun zauna tare. Abin da ka faɗa ranar shi jikokinsa za su riƙe.

Kuskuren da ya fi damuna shi ne mayar da hirar zaman ta'aziyya. "Mutumin kirki ne, Allah ya jiƙansa." A yi addu'a, wajibi ce, amma mai kallo bai ƙaru da komai ba. Faɗi abin da idonka ya gani: wa ke ɗaure masa kalangu, a bikin wa aka fara jin muryarsa, yaya yake yi in mai biki ya hana shi haƙƙinsa. Abin da ba ka gani ba, ka ce "an gaya mini". Jita-jita tana shiga fim ta zama tarihi, gyaranta kuwa sai an sha wuya.

Sai shekaru. In ka manta shekarar da abu ya faru, kada kunya ta sa ka ƙago. Jingina labarin da abin da kowa ya sani a Zango: kafin korar baƙi ta 1969 a zamanin Firayim Minista Busia ne, ko bayanta? Lokacin dokar hana fitar dare da ta biyo bayan juyin mulkin Rawlings na 31 ga Disamba 1981, wadda ta durƙusar da wasannin dare? Ko yunwar 1983, shekarar da aka koro 'yan Ghana daga Najeriya?

Kuɗi ma haka. A 2007 tsohon sidi 10,000 ya koma sidi ɗaya. In ka ce an biya shi miliyan biyu, ƙara da "tsohon kuɗi", don yaran yanzu su gane sidi 200 kake nufi.

Kada ka matsa wa kanka Turanci in Hausa ko Twi ta fi zama a bakinka. Fassara aikinsu ce.

Maganar aurensa, bashi ko rashin lafiyarsa, tuntuɓi iyalansa tukuna. Takardar izini kuma kada ka sa hannu sai an karanta maka inda za a nuna fim ɗin. Tsofaffin hotuna da kaset, su kwafa a gabanka, na asali su kwana a gidanka.